Winam: Inda Tafkin Biktoriya Ya Zuro Harshe

Gyangyaɗi ya fara ɗibata bayan mun wuce gonakin shayin Kericho, sai dattijon da muke kujera ɗaya da shi a bas ya zungure ni da gwiwar hannu. "Tashi, ɗana, ga garinku mun iso." Tun a tashar Nairobi na faɗa masa ni Bakano ne, ashe ya ƙulle maganar a cikinsa awa biyar cur yana jiran wannan gaɓar. Na leƙa ta taga. Mota ta gama gangarowa daga kan duwatsu, sanyin da ya sa kowa ƙudundunewa ya gudu, ƙasa ta miƙe kamar an baza tabarma: baƙar laka, gonakin rake, sai fadamun shinkafa iya ganinka, balbelu suna bin shanu. Wannan fili sunansa Kano. Babu abin da ya haɗa shi da Dala ko Gwauron Dutse, sunan wani dangi ne na ƙabilar Luo da suka zauna a wurin. Amma wanda ya san hanyar Kura da Kadawa lokacin dashe, in aka ajiye shi a garin Ahero da ke cikin filin ba a gaya masa ba, sai ya ji yaren mutane kafin ya yarda ba gida yake ba.

Kanon Kenya ita ce ƙofar abin da na je gani, domin filin nan da ruwan da ke gabansa kwari ɗaya ne. Ƙasa ce ta tsage tun zamanin da babu mai lissafi, tsakiya ta zauna, gefe biyu suka tsaya: tudun Nandi daga arewa kamar ganuwa, tudun Nyabondo daga kudu. Rabin kwarin na gabas laka ta cike shi ya zama gona, na yamma ruwa ya cike shi ya zama Winam. Iyakar da ke tsakaninsu kuwa ba ta da alƙawari. Duk shekarar da damina ta yi ƙarfi Kogin Nyando yakan fasa gaɓa ya kwanta a kan Ahero da ƙauyukanta. A 2020, da tafkin ya cika ya haura ma'aunin da aka sani tun 1964, akwai gidajen da ruwa ya shiga ya ƙi fita.

In ka ɗauki taswira za ka ga Tafkin Biktoriya zaune kamar faifai tsakanin Tanzaniya da Yuganda da Kenya. Babu tafkin da ya kai shi faɗi a Afirka, a duniya ma, cikin masu ruwan daɗi, Tafkin Superior na Amurka ta Arewa ne kaɗai ke gabansa. Sunan Sarauniyar Ingila da yake ɗauke da shi wani Bature mai yawon buɗe ƙasa, John Speke, ya liƙa masa a 1858. Luo dai Nam Lolwe suke ce masa har gobe. Rabon Kenya a cikinsa kashi 6 ne kacal cikin ɗari. A kusurwarsa ta arewa maso gabas ruwan ya zuro harshe cikin ƙasa, tsawon kilomita sittin da 'yan kai, faɗinsa a inda ya fi buɗewa kamar kilomita 25. Wannan harshen shi ne Winam, wato kan tafki a yaren Luo. Tsofaffin taswirorin Turawa Kavirondo suka rubuta. Girmansa kusan murabba'in kilomita 1,400, ya ɗan ɗara Tafkin Kainji ke nan, alhali shi a nan lungu ne kawai. A can ƙuryarsa birnin Kisumu yake.

Abu biyu ne ke mulkin wannan ruwa, kuma duk abin da na gani a kwana huɗu daga gare su ya fito. Na farko, ba shi da zurfi. Babban tafkin yana kai mita 80 a wasu wurare, shi kuwa Winam in aka daidaita ba ya kai goma, kusa da Kisumu ma 'yan mitoci ne. Na biyu, bakinsa tsukakke ne. Inda ya haɗu da uwar tafkin, daura da tsibirin Rusinga, faɗin bai fi kilomita biyar ba. Tulu ne aka kwantar, ciki da faɗi, baki ƙarami. Nyando da Sondu da Awach da Kibos suna ɗura masa jar ƙasar tuddai da ragowar takin gonakin shayi da na rake, magudanan Kisumu suna ƙara nasu, abin da ya shiga kuwa ba ya gaggawar fita. Don haka wanda ya zo da tsammanin shuɗin ruwa irin na kalanda zai sha mamaki. Ranar da na fara ganinsa launin kunun kanwa gare shi. Washegari, a wani loko da iska ba ta kaiwa, ya yi kore shar kamar an kaɗa miyar kuka.

Kisumu gari ne da jirgin ƙasa ya haifa. Turawa sun taso da dogo daga Mombasa a 1896, ya iso bakin wannan ruwa a Disamba 1901, shekara goma kafin namu ya iso Kano. Suka sa wa tashar suna Port Florence, sunan matar injiniyan da ya shimfiɗa layin, amma sunan bai kama ba, mutane suka ci gaba da kiran wurin da sunan tsohuwar kasuwarsu ta musayar hatsi. Wasu daga cikin jiragen ruwan farko a Sikotilan aka ƙera su, aka kwance su gunduwa-gunduwa, dogo ya kawo su, aka sake harhaɗawa a nan. A shekarun 1930 har jiragen sama masu sauka a kan ruwa suna yada zango a gaban garin. Da ƙawancen ƙasashen Gabashin Afirka ya watse a 1977 tashar ta shiga dogon barci, sai a 2019 aka gyara ta, tsohon jirgin nan MV Uhuru ya koma jigilar mai zuwa Yuganda. Garin yana ƙasan layin da ya raba duniya biyu da 'yar tazara kaɗan, amma da yake yana kan tudu sama da mita 1,100, zafinsa bai kai na Maris ɗinmu ba. Na sami ɗaki ba nisa da babban masallacin Juma'a, ginin 1919 mai koren rufi, na tambayi inda ake zuwa a ga ruwa. Mutum uku na tambaya, duka suka ce Dunga.

Na isa Dunga da hantsi a keken adaidaita sahu, wanda su tuktuk suke ce masa. Ƙauyen masunta ne a kudu da gari, kuma wurin shaƙatawa, ba a raba su da katanga ba. Ga rumfunan cin kifi an jera kujerun roba, ga mata tsaye cikin ruwa har gwiwa da bokitai suna jiran jirage. Jiragen suna tahowa daga yamma, dogaye masu tsinin baki, an kafa musu ƙyalle mai kusurwa uku, wasu ɗinkin buhunan leda, iska tana turo su ba ƙarar inji. Tun jirgi bai taɓa ƙasa ba an gama cinikin rabin abin da ke cikinsa. Na matsa kusa, na fara gane 'yan gida. Ga ƙarfasa, su ngege suke ce mata. Ga tarwaɗa da gashin bakinta. Ga gaiwa tana murɗe-murɗe a ƙasan jirgi, kamongo a bakinsu. Sai wani yaro ya jawo wani babba mai azurfar jiki da jan ido kamar garwashi, na ce a bayyane, "Giwan ruwa!" Mai jirgin ya ce, "Mbuta."

A wurinmu giwan ruwa ɗan asali ne. Yana Tafkin Chadi, yana Kwara da Binuwai, shi ne kifin da ake ɗaga wa hannu a Argungu. A nan kuwa baƙo ne, kuma baƙon da ya cinye masu gida. A shekarun 1950 aka fara sako shi cikin tafkin, aka ƙara a farkon 1960, da nufin ya cinye ƙananan kifayen da Turawan hukumar kifi suke ganin ba su da kasuwa, ya mai da su tsoka. Shekara ashirin da wani abu yana laɓe. A shekarun 1980 ya fashe. Ƙananan kifayen nan, fulu, nau'insu ya kai ɗari biyar, mafi yawansu babu su a ko'ina a duniya sai nan. Masana sun ƙiyasta kusan ɗari biyu sun ɓace. Kamfanonin yanka suka buɗe a Kisumu, tsokar tana tafiya Turai a jirgin sama, jakar iskar da ke cikin kifin tana tafiya Sin da tsada, ƙashi da kai kuma su dawo unguwar Obunga a soya wa talaka. Sunan da suka sa wa wannan ƙashi ya ba ni dariya kafin ya ba ni tausayi: mgongo wazi, wato baya a buɗe, kamar rigar matan da ba ta rufe gadon baya. Ita ma ƙarfasar da ake alfahari da ita a faranti ba ngegen kakanni ba ce. Wata ce aka kawo a wannan zamanin ta ture ta gida ta gaje sunan.

Ban gama kallon kifi ba samari masu jiragen yawo suka kewaye ni. Ɗaya ya ji harshena ya washe baki. "Oga! Najeriya!" Finafinan Legas sun riga ni zuwa, duk wanda ya fito daga ƙasarmu Oga ne ko da aljihunsa ya bushe. Na koya daga baya cewa su omera suke ce wa juna, kamar ɗan'uwa ko aboki, na riƙa mai da masa da haka, shi kuma bai fasa Ogansa ba. Muka yi ciniki irin na Kwari, ya faɗi sama na faɗi ƙasa muka haɗu a tsakiya. Ya miƙo mini rigar hana nutsewa, lemo-lemo da ita, igiyarta ɗaya ta tsinke. Na ɗaure ta da abin da ya rage, na yi bisimilla.

Da farko mun bi gefen fadamar Dunga a hankali, inji a kashe, yana tura mu da gora. Ciyawar wurin doguwa ce ta fi mutum biyu, kowace da tuntu a ka kamar an kwance tsintsiya, irin wadda Misirawan dā suka yi takarda da ita. Luo suna kiranta togo, suna saƙa tabarma da ita. An yi wata gadar katako da ta ratsa ciki don masu kallon tsuntsaye, kuma akwai Turawan da ke tahowa musamman saboda wani ɗan tsuntsu mai jan ƙirji da ba ya zama ko'ina sai cikin wannan ciyawa. Mun ji kukansa, bai yarda mun gan shi ba. Waɗanda ba su da kunya su ne zalɓe, da wani mai fari da baƙi da ke tsayawa cak a sama yana karkaɗa fiffike kafin ya faɗo ruwa kamar an jefo dutse, da mikiyar kifi mai farin kai da ke zaune a ƙololuwar bishiya tana jefa kai baya in za ta yi kuka. Guza ya sulale daga kan kututture. Wannan fadamar ita ce matatar lungun, ita ke riƙe laka da dauɗa kafin su kai ruwa, kuma daga cikin jirgi kana ganin inda aka ƙone ta aka shuka kabeji, da inda aka cike ta da ƙasa aka dasa harsashin otal.

Sai matuƙin ya ɗaga hannu ya yi shiru. Gabanmu kamar taku hamsin, wasu duwatsu biyar masu santsi. Ɗaya ya motsa kunne. Ɗaya ya yi atishawa, ruwa ya tashi sama. Ban taɓa ganin dorina a ruwanta ba, a gidan zoo kawai, sai kuma bulalar da malamin makarantar allo yake rataye wa a ƙusa. Na faɗa wa matuƙin cewa a yarenmu sunan dabbar da sunan bulalar ɗaya ne. Ya yi dariya har jirgi ya girgiza, ya ce a Suwahili ma haka ne, kiboko, kuma shi ma ya sha ta. Amma bai matsa ko taku ɗaya ba. Ya ce uwa mai ɗa ba ta da wasa, tana iya raba jirgi biyu, kuma da dare sukan fito kiwo har filin wasan golf na gari. Na lura idonsa ba a kan waɗanda muke gani yake ba, yana kan ruwan da ke tsakaninmu da su.

A nan na yi tambayar da ke cina tun safe. Ni da na tashi ina tsalle cikin kududdufi, na kuma sha zuwa Tiga da abokai ranar hutu, ban ga mutum ɗaya yana iyo don nishaɗi ba. Masunta suna shiga, masu ɗibar yashi suna shiga, mata masu wanki suna shiga, yaran ƙauye suna wanka a gefe. Amma cikin waɗanda suka zo da mota da kwalbar lemo, babu mai tsoma ko yatsa. Ya lissafa mini da yatsunsa: dorina, kada, sai cutar katantanwa. Tsargiya yake nufi. Ta nan ta fi kama hanji da hanta, ba kamar tamu mai fitsarin jini ba, kuma ƙananan katantanwar da ke ɗauke da ita suna son irin wannan ruwa marar zurfi mai ciyawa. Masu bincike sun shafe shekaru suna nazarin cutar a jikin masu wankin motar da ke yini tsaye cikin tafkin a Kisumu. Wato shiga ruwan Winam alamar neman abinci ce. Mai hali daga gaɓa yake sha'awarsa, ko daga kan katako.

Da muka fita fili ya tada inji, lungun ya buɗe. Daga kudu maso yamma duwatsun Homa sun yi shuɗi, tsohon dutse mai aman wuta da ya mutu, a bayanmu tudun Nandi da gajimare a kansa, garin Kisumu ya koma 'yan fararen ɗigo. Muka wuce wasu kejina na ƙarfe da raga suna shawagi kan durom-durom, gonakin ƙarfasa ke nan, sana'ar da ta bazu cikin 'yan shekarun nan tun da na daji ya yi ƙaranci. Can sai na hango wani koren tsibiri, shimfiɗaɗɗe, da furanni ruwan hoda mai sirkin shuɗi, balbelu tsaye a kansa. Na ce mu je can. Ya ce, "Oga, ba sai mun je ba. Shi zai zo."

Tsibirin tafiya yake yi. Wata ciyawa ce mai yawo a kan ruwa, kamar kainuwa amma ta fi ta tsayi da ƙarfi, ganyenta mai sheƙi, gindin kowane ganye a kumbure da iska. Asalinta Kudancin Amurka, kyan furenta ya sa aka yi ta yawo da ita duniya ana ƙawata lambu. A ƙarshen shekarun 1980 ta biyo Kogin Kagera ta faɗo tafkin. Cikin mako biyu tana iya ninka kanta, kuma babu inda ta sami abinci da mafaka kamar tulun Winam mai taki. Zuwa 1997 da 1998 ta rufe tashar Kisumu da bakin bututun ruwan sha na gari, mutum ya tsaya a gaɓa ya ga kore har ƙarshen gani. An kawo wasu ƙananan ƙwari masu cinta, 'yan asalin ƙasarta, aka saki, aka yi sa'a ruwan sama mai yawa na waɗannan shekarun ya taya su, ta ja da baya. Ba ta tafi ba. Takan ɓace shekara biyu ko uku ta dawo, kuma an sha samun masunta sun maƙale cikinta kwana da kwanaki, ba gaba ba baya, sauro da macizai na tare da su. Mutanen Hadeja da Nguru da kachalla ta toshe wa hanyoyin ruwa ba sa bukatar a yi musu dogon bayani. Bambancin kawai, kachalla tana tsaye inda ka bar ta jiya. Wannan kuwa iska ke kiwonta.

Iskar tana da ƙa'idarta. Da dare zuwa safiya takan taso daga tudu ta nufi ruwa, da rana ta juya ta taso daga tafki ta nufi gari, tana ƙara ƙarfi har la'asar. Da ita masu ƙyalle suke fita, da ita suke dawowa, ba ko sisin mai. Da ita kuma ciyawar take zuwa Dunga ko ta tafi gaɓar garuruwan Kendu ko Homa. Mai jirgin yawo, da mai rumfar kifi, da mai ɗaukar hoto, kowa da safe sama yake fara dubawa. Ba a rasa waɗanda suka ci ribarta ba: gaiwa da tarwaɗa sun ƙaru a ƙarƙashinta inda giwan ruwa ba ya iya shiga, mata suna busar da karanta suna saƙa kwanduna da kujeru, a Dunga ma na ga inda ake niƙa ta ana tara iskar gas ta girki. Amma wannan duk ɗiban ruwan rijiya ne da cokali.

Akwai kuma abin da hannun mutum ya ƙara. Ban da babban bakin, dā akwai wata 'yar ƙofa a Mbita, tsakanin tsibirin Rusinga da gaɓa, inda ruwa ke shiga yana fita. A farkon shekarun 1980 aka cike ta da duwatsu da ƙasa don mota ta haye tsibirin. Mota ta haye, ruwa ya tsaya. Sama da shekara talatin ana gunaguni, sai a 2017 aka buɗe gada aka kwashe cikon. Rusinga ɗin nan, ga mai son tarihi, can kabarin Tom Mboya yake, ministan da aka harbe a Nairobi a 1969, can kuma Mary Leakey ta tono ƙoƙon kan wani daɗaɗɗen biri a 1948 wanda ya shiga littattafan duniya.

Ranar Lahadi da yamma na koma Dunga na tarar kamar ba ita ba. Motocin makarantu, ƙungiyoyin matan coci da anko, ɗaliban jami'a, amarya da ango ana gyara musu tsayuwa a bakin ruwa, kiɗan ohangla daga wannan rumfa yana karo da benga daga waccan. Jiragen yawo suna cika suna fita, zagaye ɗaya na rabin awa, 'yan mata suna ihu duk lokacin da igiyar ruwa ta daki katako, da yawansu 'yan garin ne amma ranar suka fara hawa jirgi. Masu kuɗi suna can gaba a farfajiyar otal-otal da kulob ɗin masu jiragen ruwa, ruwa ɗaya suke kallo, farashin lemo ne ya bambanta. Dā babbar matattara ita ce Lwang'ni, jerin rumfunan kwano a gangaren titin Oginga Odinga, inda ake cin kifi ana kallon motoci tsaye cikin tafki ana wanke su. Ma'anar sunan ƙuda, kuma ba a sa shi don wasa ba. An rushe wurin a 2019 saboda faɗaɗa tasha, amma duk wanda na yi hira da shi sai ya ce kifin can ya fi daɗi.

Na zauna a rumfar wata mata mai faɗin murmushi. Ba a kawo maka takardar abinci. Kai za ka je tebur ka nuna kifin da kake so, girmansa kuɗinsa. Matafiyi Musulmi yana samun hutu a irin wannan wuri, ba tambayar wa ya yanka. Tambayar da aka koya mini ita ce wata: na tafki ne ko na kwali? Domin abin kunyar da ba a ɓoyewa shi ne, a bakin tafki mafi girma a Afirka ana sayar da daskararriyar ƙarfasa daga Sin, ta fi arha. "Mama, wannan daga ina?" Ta buɗe masa kunne ta nuna mini ja jawur, ta ce da safen nan yana numfashi. Ta tsaga shi gefe-gefe, ta sa gishiri kawai, ta jefa cikin mai. Ya zo gaba ɗayansa har kai, da tuwon masara mai tauri wanda su kuon suke ce masa, da ganyen da aka soya sama-sama, da yankakken tumatir da albasa. Aka zuba mini ruwa na wanke hannu. Na ci gefe ɗaya na juya na ci ɗayan, na ture kan. Ta tsaya a kaina, hannu a ƙugu. "Ɗana, ka bar kifin ka ci ciyawarsa." Ta zauna ta nuna mini yadda ake kwance kai gaɓa-gaɓa ana tsotsewa. Luo suna cewa a nan basira take, shi ya sa suka cika jami'o'i. Na ce erokamano, na gode ke nan, ita ce kalmar da na fi amfani da ita.

Daga nan da ƙafa na taka zuwa Hippo Point, wani fili a buɗe da ke fuskantar yamma sak, kusa da ɗan gandun barewa da aka keɓe a 1992. Babu abin da ake yi a wurin sai kallon faɗuwar rana, kuma ya isa. A kan wannan layi na duniya rana ba ta jan magariba. Ta yi ja, ta taɓa ruwa, kafin ka gama gyara waya ta nutse. Ruwan da ya yini da launin kunu ya zama tagulla na 'yan mintoci, sa'annan ya zama baƙi. Mutane suka fara tattara yara saboda sauro da dorina. Na ɗan dakata, sai na ga wuta ta kama can nesa, ɗaya, biyar, hamsin, har suka yi layi kamar wani gari ya taso daga cikin ruwa. Masu kamun omena ne, wasu 'yan mitsi-mitsin kifi da ba su kai ɗan yatsa ba. A daren da babu farin wata ake ɗora fitilu kan 'yan katakai a saki, kifin ya taru a ƙarƙashin haske a zagaye shi da raga. Dā fitilun kananzir ne, yanzu yawanci masu cajin rana. Shi ne ake shanyawa a ƙasa ana aunawa da gwangwani, shi ne naman talaka, shi ne kuma abincin kaji da na ƙarfasar keji. Masu hoto suka juya kyamara wajen fitilun. Waɗanda ke ƙarƙashinsu kuwa yanzu suka fara aiki, sai asuba.

Na ajiye rana ta ƙarshe don tsibirin Ndere, wanda aka mai da gandun daji a 1986, ɗan tudu mai ciyawa da bai fi murabba'in kilomita huɗu da ɗoriya ba, inda aka ce daga samansa kana ganin lungun tun daga ƙurya har baki. Ba nisa da gaɓar da ke kallonsa akwai Kit Mikayi, wasu manyan duwatsu da aka ɗora kan juna, ma'anar sunan dutsen uwargida. Mun shirya da matuƙina tun daren jiya, na ba shi kuɗin mai, ya ce in zo da sassafe kafin iska ta juya.

Na zo ƙarfe bakwai, ban ga ruwa ba. Daga bakin rumfunan har inda ido ya kai kore ne, furanni suna buɗewa, jirage ashirin a dashe cikinsa kamar an shuka su. Iskar yamma ta jiya ta turo shi, ta dare kuma ba ta yi ƙarfin mayar da shi ba. Matan bokiti suna zaune a kan bokitansu. Wasu samari biyu sun shiga da adda suna sara, abin da suka buɗe yana rufewa a bayansu. Na sami mutumina a cikin jirginsa ya miƙe ƙafa kan injin, suna karta da wani. Ya ciro kuɗin man daga aljihu ya miƙo mini ba tare da na tambaya ba.

"Omera, yaushe za ta tafi?"

Ya lashi yatsa ya ɗaga sama, ya ɗan jira. "Wataƙila azahar. Wataƙila Alhamis." Ya matsa mini wuri a kan katakon, ya raba kartar da ni.